Kashi na Bakwai na Garkuwar Duniya

Ranar Talata, 12 ga Agusta, 2025, daidai da 18 ga Safar, 1447, da ƙarfe goma da minti ashirin na safe, Allah Ya karɓi ran 'yata Ikhlas a asibiti a nan Douala, bayan jinyar kwana shida. Ciwon sikila ne, wanda ta yi shekara ashirin da tara tana fama da shi. Mun yi mata sutura bayan la'asar, ana yayyafi. Wanda Ya ba mu ita Shi Ya karɓe ta, mu ma gare Shi za mu koma.

Ikhlas, kin san mahaifinki ba mai yawan magana ba ne. Shekara talatin da huɗu na yi ina koyar da fiziks a sakandare, na saba faɗin abin da na auna kawai. Haka zan yi yau.

In kin taso daga ofis a Bassa, sai ki ɗauki 'yar na'urarki ta ɗaukar sauti ki bi lungunan unguwarmu New Bell. Kin ɗauki sautin tabaryar maƙwabciyarmu Inno, da keken ɗinkin Malam Hamadu, da kukan jirgin ruwa daga kogin Wouri, da saukar ruwa a kan kwano. Kika haɗa su da goge da kalangu har kashi shida, kika sa wa aikin suna Garkuwar Duniya. Na ce sunan ya fi aikin girma. Dariya kika yi.

Damina uku da suka wuce kika ɗaura lasifika a kan rufinmu. Duk sa'ad da hadari ya haɗu sai ki kunna. Tun daga nan ruwa bai ƙara shiga ɗakunan layinmu ba, alhali a layin baya kullum shanyar katifa ake yi. Magana ta bazu, har daga unguwar Ndogbong ana zuwa a kwafa a waya. Inno ta tare ni a ƙofar gida ta ce, "Malam, muddin kiɗan yarinyar nan na tashi, duniya ba za ta nutse ba."

Raina ya ɓaci, a matsayina na malami kuma na Musulmi. Na ce miki sauti girgizar iska ne, ba ya tare ruwa, kuma tsari na Allah ne. Kika ce, "Baba, écoute seulement, ka saurara kawai. Kai sai ka auna abu kafin ka ji shi."

Ban saurara ba. Da kin kunna, sai in rufe taga.

Ranar addu'ar uku hadari ya taso, ƙaninki Salman ya kunna, na tsaya a bakin tagar a karo na farko. Na ga ƙofofi na buɗewa, mutane na fitowa da shebur suna yashe lambatu kafin ruwa ya sauko. Mijinki Bukar ya gaya mini gida-gida kika bi kuka yi wannan alkawari: in kiɗa ya tashi, kowa ya fito. Shekara uku taga ɗaya ce tsakanina da sanin haka.

Amma mutum bakwai na ƙirga. Bukar ya ce da farko sun fi arba'in. Sauran sun gaskata cewa sautin ne ke tare ruwa, sai suka riƙa kunna shi a waya suna zaune a ɗaki. Sai a lokacin na gane abin da kika roƙe ni a watan Yuni. Kin ce kashi na bakwai muryata kike so, in kira sunayen mutanen layin kamar yadda nake kiran suna a aji. "Baba, rabin magidantan nan ɗalibanka ne. In ka kira, ba mai iya zama." Na ce sai bayan damina.

Na gaji, Ikhlas. Na gaji da karɓar gaisuwa, na gaji da amsa wa masu tambaya ko garkuwar ta tafi tare da ke.

Allah Ya jiƙan ki, Ya sa ciwon da kika sha ya zama kankarar zunubi, Ya haskaka kabarinki, Ya yafe mini rufe tagar nan. Ina miƙa ta'aziyya ga mahaifiyarki Nana Hadiza, da Bukar, da Salman, da Inno wadda ta kasa ɗaga tabarya tun ranar.

Takardar sunayen tana kan teburina da rubutun hannunki, gida arba'in da ɗaya. Jiya Salman ya kunna mini na'urar, na kira gida takwas. Na tara namu ne, kuma kin rubuta sunanki a ciki. A nan na tsaya. Damina da saura, lambatun ya fara cika, kuma gida talatin da uku ban kira ba.