Geron Malam a Makarantar Ummi

Yaya Kande, daren jiya na yi wani mafarki da ya hana ni karyawa yau da safe. Na kira Talatu maƙwabciyata na ce ta zauna ta rubuta miki shi yadda zan faɗa, tun bai tsere mini ba, don kin fi ni sanin irin waɗannan abubuwa, kuma ƙaninki Malam, maigidana, na gani a ciki, Allah Ya jiƙansa.

Bari in fara gaya miki abin da ake ciki. Kin san Ummi takwarata, 'yar wajen ɗana Sani, tana makarantar kwana can gefen fadama. Ni ban taɓa zuwa ba, a bakinta nake jin komai. Ta ce da safe karatu suke yi, da rana a raba su, wasu zane, wasu rini, wasu ginin tukwane, wasu kiɗa, da yamma kuma kowa ya ɗauki fartanya. Abin da suke ci, su suke noma shi. Na ce mata, "Wato ubanki ya kai ki boko ki koyo abin da muke yi a tsakar gida?" Ta ce, "Tsohuwa, ku yi kawai kuke, mu har tambaya muke me ya sa." Na ce Allah Ya shirye ki, marar kunya.

To bana an yanka wa kowane ɗalibi gayauna, ɗan fili nasa shi kaɗai, aka ce kowa ya zo da iri daga gidansu, ban da na kasuwa. Shi ne ta zo hutu ta tsaya a ƙofar madafa ta ɗaga kai ta ce geron Malam take so.

Kin san geron, na mahaifinku ne, mai gashin nan da tsuntsaye ba sa iya sauka a kansa. A kakarsa ta ƙarshe Malam ya bi gona ya zaɓi zangarniyoyin da suka fi cika, ya ɗaure su da kaba, ya rataye a saman murhu inda hayaƙi ke korar ƙwari. Bai kai damina ba. Sani kuma ya koma irin kasuwa, ya ce ya fi saurin nuna. Tun daga nan ban taɓa damin ba. Ɓera ya ci rabonsa, abin da ya rage bai fi a rungume da hannu ɗaya ba. In ina tuƙa tuwo nakan ɗaga kai in ga ƙullin da ya yi, har yau bai saki ba, in yi kukana in ce hayaƙi ne. Ummi ta ce iri in ya daɗe a rataye mutuwa yake yi, ko an shuka ba ya fitowa. Ga hadari ya fara haɗuwa, ran Asabar za ta zo jin amsa. Ban ce mata e ba, ban ce a'a ba. Da wannan na kwanta.

Sai na gan ni a kan amalanke, babu shanu, babu mai ja, tana tafiya ita kaɗai a hanyar rairayi, damin yana kan cinyata. Ban ji tsoro ba, sai ma mamakin yadda ba ta girgiza ni. Muka iso wata ƙofa, rumbu ɗaya a dama ɗaya a hagu, wata doguwar mace tana zaune tana ɓarar gyaɗa. Ta ce, "Aji nawa?" Na ce jikata na zo gani. Sai ta miƙo mini farar riga irin ta 'yan makaranta, tana ƙamshin sabulu. Na sa a kan zanina, hannun ya tsaya mini a gwiwar hannu.

Sai kawai ga ni a cikin aji. Ajin ba shi da rufi, sararin sama ne a kanmu, amma akwai taga, kuma wani yaro ya tashi ya rufe ta wai iska ta yi yawa. Na zauna a benci tsakanin 'yan mata biyu, ba wadda ta kalle ni. Malamar tana sanye da takalmin roba mai tsawo irin na masu aikin fadama. Ta ja layi da alli a jikin allo, layin ya kumbura ya zama kunyar gona, ƙasa tana zubowa daga allon. Ta sake jan wani, shi ma haka. Yara suna ta rubutawa.

Abin da ya fi ba ni mamaki, Yaya, na iya karatu. Ni da ko sunana aka rubuta ba na gane shi. Rubutun ya yi kama da sawun zabi a kan danshi, amma ina dubawa ina jin abin da yake faɗa, kamar wani yana raɗa mini a kunne. Har na ɗaga hannu zan ba da amsa. Yanzu ko kalma ɗaya ban riƙe ba, sai daɗin da na ji. Ashe haka masu karatu suke ji? In haka ne an cuce mu.

Sai kawai ajin ya zama marina. Ramuka a jere, 'yan mata suna tsamo zannuwa suna shanyawa, kowane zani da hoton wani gida a jikinsa. Na bi ina dubawa, wannan gidan ciyawa, wancan na kwano, har na zo kan wani na ga madafata ce. Ga murhu, ga tukunyar da bakinta ya ɓalle, hayaƙi yana tashi a jikin zanin yana motsi. Na duba saman murhun, babu komai sai igiya. Na ce, "Wa ya rina wannan?" A gefe samari suna gina tukwane, duk wadda suka gama sai su kife ta su fara kaɗawa, sautin ya fito kamar gangar noma. Wata yarinya ta zauna a gabana da gawayi tana zana fuskata. Da ta juyo mini takardar na ga budurwa, da tsagata da komai, har wushiryar da ta tafi tare da haƙoran. Na ce, "Wannan ai ba ni ba ce." Ta ci gaba da zanenta.

Ina ta neman Ummi. Nakan ji dariyarta a bayan wani gini, in na zagaya sai in tarar da awaki suna cin harawa, ko yara suna auna madara a kwalba.

Aka buga ƙarfe. Kowa ya ajiye abin da ke hannunsa, muka nufi gona. Ban ga an yi ruwa ba, amma ƙasa ta jiƙe sharkaf, tana wannan ƙamshin na ruwan farko. Aka jeru, malamar nan mai takalmin roba tana kiran sunaye, ana amsawa. Sai ta kira sunan Malam. Sunansa na yanka, wanda ban taɓa furtawa ba tun da aka kai ni ɗakinsa, kuma yau ma ba zan faɗa ba. Daga can bayan layi na ji an ce, "Na'am."

Shi ne, Yaya. Da farin gemunsa, da hularsa da ta koɗe, amma sanye da gajeren wando na 'yan makaranta, ƙafafun nan sirara a waje, sungumi a kafaɗa. Dariya ta kama ni, ina yi hawaye yana zuba. Na ce, "Malam, da girmanka?" Bai dube ni ba. Ya wuce ta gabana har na ji warin zufarsa, ya tsaya a bakin wani ɗan fili da aka kewaye da igiya, ya tofa yawu a tafin hannu, ya fara sara.

Kin san yadda muke shuka. Shi yana gaba da sungumi yana buɗe rami, ni ina biye ina zuba iri ina rufewa da diddige. Mai sara ba ya waiwaye, ya riga ya san akwai mai bin sa. Ƙafata ce ta ɗauke ni, ban yi shawara da ita ba, na tsinci kaina a bayansa. Damin kuma babu shi, ya zama tsaba, an sussuke an sheƙe, tana ƙulle a bakin zanina.

Yana sara ina biye, amma ban kwance ƙullin ba. Hannuna yana kai, na riƙe gam. Ramuka suna ta buɗewa a gabana ina tsallake su. Da na juya sai na ga ɗaliban duka sun biyo ni a layi, kowa da littafi, suna leƙa ramukan ɗaya bayan ɗaya. Wani ya ce, "Kaka, me ya sa geron yake da gashi?" Na ce saboda tsuntsaye. Wata ta ce, "Wa ya ba baban Malam?" Shekara da shekaru ina daka geron nan ina ci, ban taɓa tambaya ba. Ke kin sani? Wata kuma ta ce, "In an haɗa shi da na garinmu me zai fito?" Suka yi ta tambaya, murya a kan murya, ba da rashin kunya ba, da gaske suke son ji.

Filin da na gani ɗan kaɗan sai ya yi ta tsawo. Muka wuce marina, muka wuce ajin nan marar rufi, har makarantar ta koma ƙarama a bayanmu. A gaba babu itace babu gari, sai wani fari kamar hazon safiya a kan kogi, kuma can ya nufa. Muryoyin yaran suka yi nisa. Na ji gwiwata ta daina ciwo, numfashina ya yi sauƙi, na ji zan iya bin sa har inda za shi. Gaskiya nake gaya miki, ban so mu tsaya ba.

Shi ne ya tsaya. Dab da farin nan ya kafa sungumin a ƙasa. Bai juyo ba. Ya ce, "Kulu, ramin yana bushewa."

Ba wanda ya kira ni Kulu tun ranar da aka fita da shi. Talatu, dakata kaɗan.

To. Sai ya miƙo hannu ta baya, tafin a buɗe. Na duba hannun. Ga kantar fartanya, ga ɗan yatsan nan da ya karye ya warke a karkace, nasa ne ba shakka. Amma ƙumbar da jan lalle, gefen yatsa da tabon tawada, ga kuma awarwaron roba irin wanda Ummi take sawa. Na ce, "Wane ne a cikinku?" Na sake cewa, "Malam, kai ne ko yarinyar?" Hannun yana nan a buɗe, bai matso ba, bai janye ba.

Na sa haƙori na kwance ƙullin. Tsabar ta fara zuba, da ɗuminta kamar yanzu aka sauke ta daga rana. Ban ga inda ta sauka ba, ko a tafin, ko a ramin, ko a ƙasa. Kiran sallar asuba ya tashe ni, na farka na tarar na cusa bakin zanina a baki ina cizo, matashina ya jiƙe.

Da na idar da salla na shiga madafa. Damin yana nan a rataye yadda yake.

Yanzu ga abin da ya tsaya mini. Tun muna yara muke jin manya suna cewa in mamaci ya ba ka abu a mafarki alheri ne, in kuwa shi ya karɓa daga hannunka, ko ya yi gaba ka bi shi, to ka fara shiri. Ni kuwa na bi shi, kuma na kwance ƙulli. Amma Yaya, bin da na yi masa ai irin wanda na saba ne duk damina, kuma shi da kansa ya tsaya, bai bar ni na shiga farin nan ba. In kirana ya zo yi, me ya kai shi makaranta, har da wando? Me ya sa sai a filin yara ya yi sara, bai je gonarsa ba? Mutuwa ba ta ba ni tsoro yadda kike zato, rabina ya riga ya tafi. Abin da nake tsoro shi ne in sauke damin nan in ba yarinya, tsutsa ta cinye ko ruwa ya ɗauke, in rasa geron in rasa ƙullin hannunsa, in ɗaga kai in ga igiya. In kuma na hana, ya mutu a rataye, ni na kashe irin mahaifinku da kaina.

Ki tambayar mini wanda kika yarda da shi, ko ke ki faɗa mini abin da kika gani, kafin Asabar. Yarinyar za ta shigo da sallamarta da tsokanarta, ta tsaya a ƙofar madafa ta miƙo hannu. In na zuba mata, Yaya Kande, wa na ba?