In'inar Yaya

Lambobin yabon da aka ba ni suna cikin kabad ɗin gilashi a falona a unguwar Makera da ke Kaduna. Akwai na katako, akwai na gilashi mai nauyi, akwai takardun shaida da aka sa wa firam, har da wani agogon bango mai hotona wanda ya daɗe da tsayawa. Baƙi sukan tsaya su karanta abin da aka rubuta a jikinsu, su ce Allah ya ƙara ɗaukaka, ni kuma in ce amin. Ban taɓa gaya wa ko ɗayansu cewa duk abin da ke cikin kabad ɗin nan da bakin yayana na same shi ba, kuma ban roƙe shi ba kafin in ɗauka. Yanzu da na tsufa ba abin da nake so irin ya yafe mini.

Uwarmu ɗaya ubanmu ɗaya da Yaya. Tun yana yaro yake da in'ina mai tsanani. Idan kalma ta maƙale masa yakan rufe idonsa na hagu, ya riƙa buga cinyarsa da tafin hannu har sai ta fito. Shi ya riga ni zuwa Kaduna, ya sami aiki a masaƙa a Kakuri, da na gama firamare ba a sami halin in ci gaba ba sai ya aika aka kawo ni. A ɗakinsa na kwana, a kwanonsa na ci, har bayan ya yi aure. Yana son aikin masaƙar nan ƙwarai. Ya taɓa ce mini a cikin ƙarar injuna kowa da hannu yake magana, babu mai jiran bakin wani. Wani abin mamaki kuma, idan yana karatun Alƙur'ani ko kiran salla ba ya in'ina ko kaɗan. Muryarsa takan fita sumul. Saboda haka duk ranar da ba ya aikin rana shi yake kiran la'asar a masallacin layinmu.

Ni kuwa surutu Allah ya ba ni. Na shiga wata ƙungiyar wasan kwaikwayo ta samarin unguwa, daga nan aka kai mu gidan talabijin a tsallaken kogi. A lokacin ba a rubuta mana abin da za mu faɗa. Furodusa zai tara mu a gindin bishiya ya ba mu labarin da baki, ya ce kai ne manaja, ke ce matarsa, kai ne mai gadi, sauran kuma ya rage naka, kowa ya zo da maganarsa daga gida. Haka ake faɗa, daga gida. Ranar farko ya dube ni ya ce:

"Kai masinja ne. Za ka shigo ka gaya wa manaja motarsa ta kama wuta. Magana ɗaya ce, amma ka san yadda za ka yi a yi dariya, in ba haka ba gobe ba sai ka zo ba."

Ban yi shiri ba, ban yi tunani ba. Da aka kunna kyamara sai na rufe idona na hagu, na fara buga cinyata. Kafin in iya cewa mota, manaja ya sha shayinsa ya ƙare, ya sa hannu a takardu, ya tambaye ni lafiyar iyali. Mai kyamara sai da ya saki kyamarar ya riƙe cikinsa. Furodusa ya ce daga yau babu satin da za a yi ba masinja.

Haka na zama Masinja. Sunana na yanka ya ɓace, har liman da Masinja yake kirana. Daga baya da finafinan kaset suka zo aka ci gaba da nemana, kuma ko an ba ni matsayin alhaji ko boka sai darakta ya ce a ɗan sa in'inar nan, ita mutane suke so. Ban taɓa cewa a'a ba.

A sauran gari abin wasa ne. A Makera kowa ya san idon wa nake rufewa. Yara suka fara bin Yaya idan ya taso daga aiki, suna buga cinyoyinsu, suna kiransa Masinja na asali. Na gani da idona, na kore su sau ɗaya ko biyu, amma ina korarsu ina murmushi, domin ina jin daɗin cewa wasana ya shiga ko'ina.

Da aka ba ni lambar yabo ta farko, ta katako, ta gwarzon mai ban dariya, gidansa na fara kai ta, lokacin na riga na kama nawa ɗakin. Matarsa tana tankaɗe a tsakar gida. Da can akwai wasa sosai tsakanina da ita, irin na matar wa da ƙanin miji, takan kira ni mijin cin tuwo. Ran nan ta ɗaga kai ta dubi katakon ta ce:

"Sannu Alhajin talabijin. Wannan na waye, naka ko na mai abin?"

Na ce, "Haba Hajiya, ai namu ne duka."

"To ka bar shi nan mana, in riƙa danne murfin tukunya da shi."

Na yi dariya, ita ba ta yi ba. Yaya ya fito ya karɓa, ya jujjuya shi, ya shafa rubutun da yatsa, ya miƙo mini. Ya ce Allah ya sa albarka. Kalmar albarka ta daɗe kafin ta fito, kuma na lura ya maƙale hannunsa a baya don kada ya bugi cinyarsa a gabana. Na lura sarai. Abin da na yi da wannan shi ne sati mai zuwa na sa masinja ya maƙale hannunsa a baya yana kokawa da shi, aka yi dariya fiye da kullum.

Bai taɓa yi mini magana a kai ba, ni ma na fake da hakan. Nakan ce wa kaina ai da abin yana damunsa da ya faɗa, alhali na fi kowa sanin abin da faɗa take ci masa. Wata la'asar yana kiran salla yara suka taru a gindin lasifika suna kwaikwayonsa da in'inar da ba ya yi a kiran salla. Ya ƙarasa kiran, ya yi sallarsa, daga ranar bai sake ɗaukar makirfon ba. Da aka rufe masaƙa ya koma gyaran keken ɗinki a wata rumfa a kasuwar Kakuri, yana aiki kai a sunkuye, ciniki da yatsu.

Da babbar 'yarsa za ta yi aure na ɗinka babbar riga, domin ni ne ƙanin uba, ni ya kamata in zama waliyyi. Da safiyar ɗaurin auren na ji an ce ya wakilta maƙwabcinsa. Na zauna a bayan sahu, mutane suna juyowa suna kallona. Wannan ita ce maganar da ya yi mini, kuma na ji ta. Amma maimakon in je in durƙusa sai na yi fushi, na ce an wulaƙanta ni a bainar jama'a. Na ɗauke ƙafa daga gidan shekaru, sai gaisuwar salla. A cikin shekarun nan ne kabad ɗin ya cika.

Bara ya faɗi a rumfarsa, ɓarin jikinsa na dama ya shanye, harshensa ya ƙara nauyi. Na je asibiti na tsaya a bakin gado tare da sauran masu dubiya, na ce Allah ya sawwaƙe, na fito. Ba a daɗe ba aka aiko mini cewa za a karrama ni a wani otal a Barnawa, lambar yabo ta tsofaffin da suka ba da rayuwarsu ga sana'ar. Na ƙudura a raina a can zan gyara. Zan hau dandamali in faɗi gaskiya, in ce masinjan nan yayana ne, ya ciyar da ni na saka masa da wannan, in roƙe shi gafara a gaban kowa.

Aka kira ni, aka tashi tsaye ana tafi. Yaran da suke fim yanzu, waɗanda na yi jika da su, suna durƙusawa suna cewa Baba mun gode. Aka miƙo mini lambar ta gilashi da makirfo. Na buɗe baki, sai mai gabatarwa ya dafa kafaɗata ya ce:

"Baba, kafin jawabi, jama'a fa ba za su bar ka ka sauka ba. Ko kaɗan ne. Manaja yana jira, mota tana cin wuta."

Ɗakin ya ɗauki sowa, wayoyi suka ɗago sama. Na daɗe rabona da in ji ɗaki ya cika da sunana haka. Na rufe idona na hagu. Na yi musu har da maƙale hannu a baya. Da na gama aka karɓi makirfon, lokaci ya ƙure, babu jawabi. Ba zan ce an hana ni ba, domin da na riƙe makirfon ba wanda zai fizge shi daga hannun tsoho.

Bayan kwana kaɗan wani abokin Yaya ya zo gidana. Kirista ne mutumin kudancin jihar nan, tare suka yi aikin masaƙa, yanzu yana zaune a Narayi, kuma duk sati sai ya hau mota ya zo duba shi. Ya ƙi zama. Ya ce:

"Oga, na ga bidiyonka. Jikokinsa ma sun gani. A ɗakin da yake kwance suka kunna, suna ta dariya, su ba su san komai ba. Ni ina wurin."

Na ce, "Me ya ce?"

"Da wane baki? Hawaye dai na gani, ta ido ɗayan da yake motsi. Ni ba malami ba ne, amma mutumin nan ba zai daɗe ba. Ka san abin da ya rage maka."

Washegari da hantsi na je. Matarsa ta buɗe mini labule, ta zauna a bakin ƙofa. Ɗakin yana warin man zafi. Yana kwance a katifa an tokare shi da matasai, ya rame har na ga kamannin mahaifinmu a fuskarsa. Na durƙusa na kama hannunsa mai lafiya. Na faɗi komai, tun daga gindin bishiyar gidan talabijin har zuwa otal. Ban rage ba, ban kare kaina ba. Na ce, "Yaya, don Allah ka yafe mini."

Ya dube ni. Sannan leɓensa ya fara rawa. Ya zare hannunsa daga nawa ya ɗora a cinyarsa, ya fara bugawa a hankali.

"Na... na... na ya... ya..."

Jijiyar wuyansa ta tashi, gumi ya tsattsafo masa a goshi. Kalmar tana nan tafe, ina ganinta. Ni kuma ban iya jira ba. Na ce:

"Ka yafe. Alhamdu lillahi. Na gode Yaya, Allah ya saka da alheri."

Hannunsa ya tsaya. Ya rufe bakinsa, ya juyar da kai wajen bango.

Daga bakin ƙofa matarsa ta ce, ba tare da ɗaga murya ba, "Kai ka faɗa, ba shi ba."

Na ce, "Hajiya, ai abin da zai ce ke nan."

"Ka sani? 'Na yafe' da 'na ya' take farawa. 'Na yar da kai' ma da 'na ya' take farawa. Ni da na zauna da shi tun ina yarinya ban taɓa ƙarasa masa magana ba, ko ta kawo ruwa ce, sai in tsaya ya gama. Kai ka ɗauki bakinsa ka kai kasuwa, yau ɗaya da ya zo zai yi amfani da abinsa ka sake karɓewa."

Na juya na ce Yaya yi haƙuri, faɗi, ina jira. Na jira har aka kira azahar. Bai juyo ba.

Cikin satin ciwon ya sake bugunsa, maganar ta ɗauke gaba ɗaya. Hannun mai lafiya ma yanzu ba ya ɗaguwa. Na tambayi wani malami ko niyyar mutum tana isa idan ya fara furtawa bai ƙarasa ba. Ya ce Allah ya san abin da ke cikin zuciyarsa. Na ce shi ne abin da nake tsoro.

Har yanzu yana nan da rai. Kullum bayan la'asar nakan taka zuwa gidan in zauna a gefen katifar, ba na cewa komai bayan sallama. Wani lokaci idonsa yana kaina, wani lokaci yana kan silin, ban san ko ya san ni ne ba. Idan leɓensa ya motsa sai in riƙe numfashina, amma yawanci ƙishirwa ce. In magariba ta kawo jiki matarsa takan shigo da ruwan ɗumi a roba da tawul ta ce, "Alhaji, tashi za a juya shi." Sai in tashi in nemi takalmana.