A Bar Komai Yadda Yake

Babana masinja ne a jami'a, shi ke kula da ɗakin taron majalisar gudanarwa. Ya jera kujeru, ya kawo shayi, ya kashe fanka idan manya sun watse. Mutum ne mai bin doka har ya ba ka haushi. Ka ce masa ya tsaya nan kana zuwa, ko ka manta da shi, nan za ka dawo ka same shi.

Ina firamare aka yi zaɓen da ya cinye mana gida. Malaman jami'ar za su zaɓi wakilinsu a majalisar, tsakanin wani Farfesa Dogo da wani da ake ce wa Mai Tabarau. Ana cikin ƙirga ƙuri'u rigima ta kaure, aka yi ta buga tebur, kowa ya fice a fusace. Mai Tabarau ya garzaya kotu. Alƙali ya ce a kulle ɗakin da akwatin ƙuri'un a ciki, a bar komai yadda yake sai an yanke hukunci. Ma'aikacin kotu ya karanta wa Baba umarnin, ya damƙa masa makulli.

To, sun gamu da daidai su! Kullum da safe Baba zai buɗe ɗakin, ya duba, ya kulle, ya zauna a benci a bakin ƙofa har a tashi.

Shari'a kuwa ta miƙe ƙafa. Yau an ɗage zama, gobe an ɗaukaka ƙara, jibi alƙali ya yi ritaya an koma farko. Dogo ya rasu. Wa'adin kujerar da ake faɗa a kanta ya ƙare tuntuni. Lauyoyi ko a jikinsu, suna ta gardamar wace kotu ce ke da hurumi.

Ina budurwa na taɓa kai wa Baba abinci da rana tsaka, na roƙe shi ya bar ni in leƙa. Kujeru a karkace, ɗaya kwance a ƙasa. Fanka na juyawa a hankali. Babu ƙura ko ɗis. Kofunan shayi a kan tebur, an sha rabi an bari. Na kai hannu na taɓa ɗaya, wallahi da ɗuminsa.

"Baba, wa ya shigo?"

"Cire hannunki, Uwata," in ji shi. "Kotu ta hana."

Na fice, ban sake komawa ba sai bayan shekaru.

Sannu a hankali muka lura ba ɗakin kaɗai aka bari yadda yake ba. Baba ya ƙi tsufa. Abokan aikinsa na tsokanar sa, "Malam, wane mai kake shafawa ne?" Tun ana dariya har aka daina. Na yi aure, na haihu, na riga shi furfura. Da lokacin ritayarsa ya yi, lauyoyi suka ce ba a sauya mai riƙon makulli ana cikin shari'a.

Inna ce ta tsufar musu su biyun. Gwiwoyi suka fara tafiya, mantuwa ta biyo baya. Wata rana Baba ya dawo daga aiki, sai ta ja mayafi ta rufe fuska.

"Ke, wane ne wannan saurayin da ke faɗo wa mutane ɗaki? Ina Malam?"

Daga ranar bai ƙara shiga ɗakinta ba. A bakin ƙofa yake cin abinci shi kaɗai, yana jin ta tana tambayata yaushe Malam zai taso daga aiki. Da likita ya ce jikinta ya yi nisa, raina ya ɓaci, na tsaya a kansa.

"Haba Baba! Ka jefa makullin nan a kwata mana! Inna za ta mutu tana jiran ka, kana zaune ƙofar ɗakinta!"

Ya yi hawaye. Da gari ya waye ya sa takalminsa ya tafi aiki. Ban taɓa jin haushin mutum da tausayinsa a haɗe kamar ranar ba.

Kwatsam kotu ta kori ƙarar, wai ba ta da sauran amfani. Sai yanzu suka gane! Na raka Baba ya mayar da makulli. Ya buɗe ɗakin, ya sunkuya ya ɗaga kujerar nan da ke kwance, ya tsayar da ita.

Fanka ta tsaya cak. Wari ya buso kamar an buɗe tsohuwar rijiya. Shayin ya bushe ƙurmus a gindin kofuna, ya yi baƙi. Baba ya shiga tattara su a faranti, sai na ji suna ƙarar haɗuwa da juna a hannunsa. Kafin mu kai bakin titi ya dafa kafaɗata yana jan ƙafa. Tsoro ya hana ni kallon fuskarsa.

Mun iske Inna a kishingiɗe kan tabarma. Ta ɗago kai ta daɗe tana kallon tsohon da na riƙo, fari fat da furfura.

"Malam, sai yanzu? Wane irin taro ne wannan?"

"An tashi," in ji Baba.

Ta ja tsaki, ta matsa masa gefen tabarma.