Ranar da muka ba Malam lambar mamata

Mijin yayata ba ya yin Turancin da kowa ya sani. Yana da ɗan littafi a aljihun kaftaninsa, inda yake tara dogayen kalmomin da ya tsinto a waya. Bai taɓa tsayawa ya ji yadda ake furta su ba, ma'ana kuwa da nauyin kalma a baki yake ƙiyasta ta.

Shekarar da malaminmu na Turanci ya yi ritaya, mu tsofaffin ɗalibansa muka shirya masa walima a Kurfi. Mijin yayata aka ba aikin tsara rubutun allon karramawa, ni kuma na kai wa mai bugawa a Dutsin-Ma. Na ga kalmar posthumous a takardar. Ban san ta ba, girman kai kuma ya hana ni tambaya.

Ranar taro mijin yayata ya karɓi lasifika, ya gyara hula, ya ce "fos-tu-hu-mos" har sau uku. Ya fassara wa jama'a cewa karramawa ce wadda ba kowa ke samu ba. Muka tafa.

Malam ya sa tabarau, ya daɗe yana duban allon.

"Ɗana, ba haka ake faɗi ba. Fos-cu-mas. Kowa ya maimaita."

Muka maimaita baki ɗaya, da furfurarmu da komai.

"Madalla. Ma'anarta kuma, abin da ake ba mutum bayan ya rasu. Ni dai na sha koko da safen nan, kuma da ƙafata na zo."

Hajiya, matar Malam, ba ta jin Turanci, amma wannan ta ji shi sarai. Ta miƙe daga cikin mata tana salati.

"Wa ke yi mashi fatan mutuwa? Wallahi abin nan ba ya shiga gidana!"

Mijin yayata ya ce kuskuren mai bugawa ne. Alhali takardar da ya rubuta da hannunsa tana aljihuna.

Da za a tashi, Malam ya miƙo mini allon.

"Kai ka kai aka buga, ko? Kai ma ba ka duba ƙamus ba." Ya dafa kafaɗata. "Ajiye shi wurinka, kada ku yi asara. Wata rana zai yi amfani."

Allon yana nan bayan kwabata, a kife. Malam kuwa har yau da kansa yake zuwa gonarsa a Birchi.