Yatsun Umma a Kumatuna

A gidanmu rana abin gudu ce. Tun muna Kano, in Umma ta aike ni da rana tsaka sai ta biyo ni har zaure da mayafi, tana cewa in bi inuwar katanga. Ni ce fara a cikin 'ya'yanta, farin kuwa gado ne daga kakata, mahaifiyarta, wadda aka sa mini sunanta. Shi ya sa Umma ba ta taɓa kiran sunana ba, sai dai ta ce Uwata. Fatar fuskata kuwa ta riƙe ta kamar ajiyar da aka ba ta amana.

A ƙarshen shekarun tamanin aiki ya kawo Baba ofishin jakadanci a New York, muka tare a unguwar Soundview, cikin wani bene na jan bulo mai hawa shida. Sanyin farko ya kusa kashe mu. Da zafi ya shigo kuma na ga abin da har yau ban gama mamakinsa ba. Mun fita wurin shaƙatawa ran wata Lahadi, sai ga mutane birjik a kan ciyawa, maza da mata, sun shafe jiki da mai, sun miƙe a tsakiyar rana kamar an shanya kilishi. Ga inuwar bishiyoyi nan luf, babu mai kallonta. Umma ta tsaya cak ta kama haɓa.

"Malam, jinya suke yi?" ta tambayi Baba.

"So suke su yi baƙi," in ji shi.

"Baƙi? Da kuɗinsu da lafiyarsu?" Ta girgiza kai. "To, kowa da kiwon da ya karɓe shi."

Ita abin dariya ta gani. Ni kuwa abin ya tsaya mini a rai. Na baro garin da mata ke zuba kuɗi a kan man da zai haskaka su, na zo garin da farare ke roƙon rana ta dafa su. Rana ɗaya ce kuma, wadda na baro a Kano ita ce wannan. Na daɗe ina waiwayen mutanen nan har Umma ta fizgi hannuna.

Shekarar da na cika sha biyar wani matafiyi ya kawo mana kaset daga kakata, don ita ba ta yarda da saƙon baki ba, ta fi so a ji muryarta. Bayan gaisuwa da addu'o'i sai ta ce yanar ido ta ci ƙarfinta, na hagu ya tafi, na dama ma hazo ne. Abu ɗaya take roƙo: a kawo mata hoton takwararta ta ga yadda ta zama budurwa, tun kafin duhu ya gama rufewa. Umma ta yi kuka a gefen rediyo. A ranar aka yanke cewa za ta tafi gida ƙarshen lokacin zafi, da hoton a jakarta.

Daga nan fuskata ta daina zama tawa. Kullum da safe Umma za ta zaunar da ni a bakin bahon wanka, ta kwaɓa kurkum da zuma ta lafta mini, in ya bushe ta murje. Na ƙarshe shi ne lemon tsami. Sai ta matse shi a tafin hannu, ta tsoma yatsu uku, ta ja daga gefen hancina zuwa kunne, dama da hagu, ta ce in bar shi ya ɗan jima kafin in wanke. Yatsanta na tsakiya a hannun dama karkatacce ne, taɓarya ce ta same shi tana ƙarama, kuma nakan ji shi yana kauce wa layi a kumatuna. Ina ƙin wannan zama ƙwarai. Kullum ina ƙunƙuni, ita kuma ko a jikinta.

A hawan da ke samanmu akwai ƙawata 'yar Puerto Rico, ajinmu ɗaya. Da zafi ya yi zafi sai ta koma kalar zuma, tana yawo tana nuna wa kowa shatin agogo a hannunta kamar wadda ta ci kyauta. Wata safiya, Umma ta gama shafa mini lemon ke nan ta fita cefane Fordham Road, sai ga ƙawar tawa tana buga ƙofa da kwali a hammata. Da ta ji labarin hoton ta dube ni sama da ƙasa.

"Haka za ki shiga hoto, fari fat kamar marar lafiya? Zo mu hau roof, can saman bene, ɗan tan kaɗan, rana ta ɗan dafa ki, kakarki za ta ga kin yi kyau."

Ban yi gardama ba, dama abin na raina tun ranar Lahadin nan. Sai dai ni 'yar gidanmu ce, a gidanmu kuwa mace ba ta tsallake bakin ƙofa da fuska gayau, ko da shara za ta zubar. Don haka na tsaya gaban madubi. Wankewa za ta ɓata lokaci, sai na bar lemon yadda yake, na bi goshi da hanci da haɓa da hodar ruwa mai kauri, kumatu kuma na ɗan kaɗa musu ta gari tunda suna danƙo. Na zizara kwalli, na goga jan baki, na ɗaura ɗankwali. Doguwar rigata har idon sawu, hannunta har wuyan hannu. Ƙawata ta yi dariya har da riƙe ciki, ta ce ba ta taɓa ganin wanda ya yi shigar biki don shan rana ba.

Ban taɓa hawa rufin benen ba sai ran nan. Da ta tura ƙofar ƙarfen, haske ya mare ni, na tsaya na kasa motsi. Ashe haka garin yake! Ruwa shimfiɗe yana walƙiya, gadoji sun yi tsalle a kansa, jiragen sama suna saukowa ɗaya bayan ɗaya can ƙetare, ƙasa-ƙasa har ina ganin tayoyinsu. Can nesa dogayen benayen Manhattan suna rawa cikin tururin zafi. Wani tsoho a rufin da ke kusa yana kaɗa sanda, tattabarunsa suna juyawa a sama gaba ɗaya kamar da zare ya ɗaure su. Kwaltar da ke ƙarƙashin ƙafata ta yi laushi tana kama silifa. Na ce subhanallahi a fili, ban ma san na faɗa ba.

Muka shimfiɗa tawul. Kwalin nan nata ashe ta lulluɓe shi da takardar azurfa irin ta naɗe abinci, ta nuna mini yadda ake tara shi ƙarƙashin haɓa don ya maido da hasken kan fuska. Na rufe ido. Duniya ta koma ja. A karo na farko a rayuwata na bar rana ta taɓa ni ba tare da na gudu ba, kuma wallahi daɗi na ji, irin daɗin da mutum ke ji in an ɗora masa hannu mai ɗumi. Zufa ta karyo, kwalli ya narke ya shiga idona, hoda ta zama kunu, duk ban damu ba. Sai da kaina ya fara sarawa na sauko, na wanke fuska tas kafin Umma ta dawo.

Ranar ban ga komai ba sai ɗan ja. Washegari kumatuna suka ɗauki zafi kamar an watsa mini barkono. Kafin jibi sun tashi da ƙuraje masu ruwa, a jere, layi-layi. Umma ta saki salati, kofin da ke hannunta ya faɗi. Ban tsaya ɓoye-ɓoye ba, na gaya mata inda na je.

"Rana? Da ƙafarki kika je wa rana?" Ta zauna daɓas. "Uwata, garin neman gira kin rasa ido."

Likitar da muka gani dattijuwa ce daga tsibiran Karibiyan. Ta juya fuskata dama da hagu, sannan ta tambaye ni a hankali ko wani ya mare ni. Na ce a'a. Ta ce shatin yatsu ne wannan. Da na fassara wa Umma, sai ta taso, ta ɗaga hannunta ta kawo shi daidai kuncina ba tare da ta taɓa ba. Layi uku, yatsu uku. Na tsakiyan ya karkace daidai inda nata ya karkace.

Sai likitar ta tambaya ko an shafa mini lemon tsami, muka ce e. Ta ce ai shi ne, ruwansa in ya haɗu da rana mai ƙarfi ƙona fata yake yi, kuma duk inda ya bi nan zai bar tabo. Goshi da hanci hodar mai kauri ta ɗan tare su, shi ya sa suka yi dabbare-dabbare, amma hoda ba garkuwa ba ce, toshe fata kawai ta yi ta haɗa ta da zufa. Ta ba mu man shafawa, ta ce tabon zai yi duhu kafin ya tafi, zai kuma ɗauki watanni. Ta ja kunnenmu kada a kuskura a ɗora kwalliya a kai sai ya warke sarai.

Haka kuwa aka yi. Ƙurajen suka bushe, layukan suka koma baƙi wuluk a kan farar fata. Nakan tsaya gaban madubi ina kallonsu, rabi tsoro rabi mamaki. Hannun da ya wuce ta kaina da safe, na wanke, na manta, rana ta riƙe shi ta rubuta.

Rana ba ta ƙarya, sai dai uwar ɗiya ta ji kunya. Tafiyar Umma ta matso, idon kakata kuma ba zai jira tabo ya goge ba. Muka je gidan hoto a Fordham Road, na wani mutumin Gana mai Hausar zango. Umma ta fito da hoda daga jaka, ta buɗe, ta dubi fatar da ba ta gama warkewa ba, ta daɗe tana riƙe da hodar. Sannan ta rufe ta mayar.

"Ɗauke ta haka," ta ce wa mai hoton. "Kunyar tawa ce."

Ta tafi ta bar ni da yatsunta a fuska. Na yi kewarta sosai a watannin nan, kuma duk safiya in na duba madubi sai in ga kamar yanzu ta tashi daga bakin bahon.

Da ta dawo, ganyen bishiyoyi sun gama zubewa. Ko mayafi ba ta cire ba ta zaunar da ni ta ba ni labari. Ta ce kakata ta sa an kai ta bakin ƙofa inda haske yake, ta kanga hoton dab da idonta na dama. Farar fuskar da aka sha wahala a kanta ba ta gan ta ba sam, hazo ne cikin hazo. Ido da hanci da baki duk sun narke mata. Abin da kawai ya fito mata shi ne baƙaƙen layukan nan. Ta bi su da yatsa, ta tsaya a kan na tsakiya.

Sauran labarin kuwa Umma ba ta iya faɗa ba, sai ta sa kaset ɗin da ta zo da shi. Muryar tsohuwar ta fito tana dariya.

"Takwara, na gan ki. Uwarki tana ta ba ni haƙuri wai kin ɓata fuska. Ni kuwa na ga yatsan da na ɗaure da tsumma ranar da taɓarya ta same shi. Daga hanci zuwa kunne, haka na yi mata, haka uwata ta yi mini. Yanzu na san ana shafa ki a can. Hankalina ya kwanta."

Tabon bai kai ƙarshen sanyi ba ya fara dushewa. Umma ta sayo mini man da zai hanzarta shi, na sa shi a aljihun tebur ban buɗe ba.