Jana'izar Ɗan Adawa

Mahaifina masunci ne a Argungu, idan ruwa ya janye kuma ya shiga fadama noman albasa. Akwai ɗan maƙwabcinmu da iyayensa suka rasu yana ƙarami, Baba ya ɗauko shi ya haɗa da mu. Akushinmu ɗaya, tabarmarmu ɗaya. Ya girme ni, saboda haka Yaya nake ce masa, kuma sai da na yi wayo sosai na san ba cikinmu ɗaya ba.

Da soja suka mayar wa farar hula mulki, lokacin muna ƙarƙashin Sakkwato, unguwarmu ta dare gida biyu. Kowane ɓangare da mahaucinsa da mai shayinsa. Mata suka daina zuwa sunan juna. Baba ya bi abokansa masunta zuwa adawa, ya kafa tuta a ƙofar gida, kuma shi mutum ne da in ya faɗi magana ba ya janyewa.

Yaya kuwa ya koma Birnin Kebbi ya shiga jam'iyya mai mulki, ya zama na hannun daman wani babba. Ya sayi babur, daga baya ya sayi mota. Zuwansa gida ya ragu, har ya ɗauke ƙafa ɗungum. Idan Inna ta yi ƙorafi, Baba ya ce a bar yaro ya nemi abincinsa, siyasa riga ce, za a tuɓe. Bai fasa aika masa da busasshen kifi ta hannun direbobin tasha ba.

Ana dab da zaɓe na biyu, cikin damina, ciwo ya kwantar da Baba. Da ya ji jiki ya ƙi, ya ce mini idan ta Allah ta kasance, Yaya ne zai shiga kabari ya karɓe shi, don shi ne babba. Da hantsi Baba ya cika. Na roƙi liman a jinkirta zuwa la'asar, na shiga motar Birnin Kebbi.

Na iske gidansa a Gwadangaji cike da 'yan jam'iyya, ana shirin fita taro. Na durƙusa kusa da shi na faɗa masa a hankali. Na ga fuskarsa ta canza, na ɗauka miƙewa zai yi. Sai wani mai babbar riga ya tambaye shi wa ya rasu.

Ya ce, "Wani tsoho ne, maƙwabcinmu na da. Ɗan adawa ne. Allah shi jiƙan musulmi."

Aka shafa fatiha aka ci gaba da hira. Ya jawo ni bayan zaure ya riƙe mini hannu. Ya ce ido na kansa, akwai masu jiran ya yi tuntuɓe, idan aka gan shi zaune ƙarƙashin waccan tuta ya gama yawo. Na gaya masa wasiyyar Baba. Ya sunkuyar da kai.

"Ku tahi ku bizne shi. In an ƙare zaɓe ina zuwa."

Ban san yadda na kai tasha ba. A mota wata tsohuwa ta yi ta ba ni haƙuri, ba ta ma san abin da ya same ni ba.

Ni na shiga kabarin. Wanda ya miƙo mini Baba ta wajen kai shi ne mahaucin jam'iyyarsu Yaya, mutumin da rabonsa da gaisawa da Baba tun da aka kafa tuta. Da Inna ta tambaye ni, ban ɓoye mata komai ba. Ba ta yi kuka a gabana ba, ta dai sa na maimaita mata kalmar maƙwabci.

Aka yi zaɓe, suka ci, bai zo ba. Sai da soja suka dawo, aka rufe ofisoshin jam'iyya, ubangidansa ya shiga hannu, sannan ya sauka a tasha da ƙafarsa. Ya faɗi gaban Inna yana kuka. Ta ba shi ruwa, ta ce ta yafe, don ita ta goya shi. Aka juyo gare ni, na ce Allah ya yafe mana gaba ɗaya, amma ni na san baki ne kawai ya faɗa.

Ya roƙe ni in nuna masa kabarin. Na raka shi har bakin maƙabarta, na nuna masa da hannu daga nesa, kusa da wata bagaruwa. Ya tsaya yana jira mu shiga tare. Na ce ina da ban ruwa a fadama, na juya.