Habu Yamma Bai Juya wa Alƙibla Baya Ba

Da kakar bana yayana Habu ya cika shekara talatin da huɗu a ƙarƙashin ƙasa, amma har yau in ka shiga Wagini ka tambayi gidansa sai an ce maka, "Wane Habun? Habu Yamma?" Yawancin masu faɗar sunan ba su san inda ya samo asali ba. Ni na sani, domin ina zaune aka laƙaba masa shi, kuma ban ce uffan ba. Yanzu da haƙoran bakina suka kusa ƙarewa zan buɗe shi, wanda zai ji haushi ya ji.

Gidanmu gidan malamai ne. Mahaifinmu yana da zauren da manya ke ɗaukar karatun littattafai, kuma kowa ya san Yaya Habu ne zai gaje shi, don ya fi ni karatu nesa ba kusa ba. Sai yaƙin Turawa ya taso, aka ce kowace gunduma ta ba da majiya ƙarfi, aka nuna shi. Aka kwashe su zuwa Bama, ƙasar da ko sunanta ba mu taɓa ji ba, yana cikin masu ɗaukar wa soja kaya a ka cikin daji. Kafin ya dawo mahaifinmu ya rasu. Ƙanen mahaifinmu, Baffa Isiyaku, ya riƙe zauren, yana cewa amana ce har mai shi ya dawo.

Mai shi ya dawo a rame, kuma in aka yi tsawa da damina hannuwansa rawa suke kamawa har ya kasa riƙe buta. Ya kuma zo da wata ɗabi'a. Bayan la'asar yakan zauna gindin tsamiyar bayan gida, ya tanƙwashe ƙafa, ya miƙe baya, ya ɗora hannu a cinya, ya yi shiru. Babu carbi, bakinsa ba ya motsi. Da yana motsa leɓe da an ce wuridi ne an ƙyale shi. Shirun ne ya tsaya wa mutane a rai.

Na tambaye shi, ya ba ni labari ba tare da ɓoye komai ba. Wajen ƙarshen yaƙi sun yi sansani kusa da wani ƙauye mai gidan ibada na mabiya addinin Buda, aka riƙa aikensa ɗiban ruwa a rijiyar wurin. Ran farko ya ga takalma jere a gindin matakala, sai ya cire nasa, kamar yadda kowane ɗan mutunci zai yi a ƙofar zauren da ba nasa ba. Sajan ɗinsu Bature kuwa ya wuce da nasa ƙwas-ƙwas. Wata rana jirgin sama ya gifta, rawar hannun ta kama Yaya, garwa ta suɓuce. Tsohon malamin wurin, mai kai a aske da jan mayafi, ya yafito shi, ya zaunar da shi kan tabarma. Ba Hausa, ba Turanci, sai nuni. Tsohon ya taɓa kan hancinsa, ya shaƙi numfashi a hankali, ya sake shi, ya ɗaga yatsa ɗaya.

Iyakar karatun ke nan, in ji Yaya. Ka zauna daram, ka sunkuyar da ido, ka sa hankalinka a ƙofar hanci inda iska ke shiga tana fita. Kada ka ja numfashin da ƙarfi, ka bar shi yadda yake, kai dai ka ƙirga daga ɗaya zuwa goma. Kafin ka kai huɗu zuciya za ta gudu, ta koma dajin da aka kashe abokanka ko ta tafi gona. In ka farga sai ka dawo da ita kamar akuyar da ta tsinke, ka mai da ita turke ba duka ba zagi, ka sake daga ɗaya. Ya ce sai da ya yi mako uku kafin ya kai goma sau ɗaya, amma daga nan hannun ya fara jin magana.

Sai maganar da ta jawo sunan. Wata rana azahar ta riske shi a wurin, ya yi alwala, ya fita gefen fili, ya fuskanci mafitar rana zai kabbara. Tsohon nan ya taso yana girgiza kai, ya kama kafaɗarsa ya juya shi yamma. Yaya ya ƙi, don mu tun tasowarmu gabas da alƙibla abu ɗaya ne, har Musulmi ma mai kallon gabas muke ce masa. Tsohon bai yi fushi ba. Ya aika aka kira wani Musulmi mai shago a ƙauyen, mutumin ya nuna yamma, ya ce, "Makka." Nan Yaya ya gane jirgin ruwa ya wuce da su gaba da Makka, watanni yana salla ya ba ta baya bai sani ba.

Wani Tanko mutumin Karare, wanda suka yi soja tare, shi ya ba da labarin a kasuwar Batsari. Ban ce da mugunta ya faɗa ba, shi dai bakinsa ba ya riƙe magana. Kafin kasuwa ta sake zagayowa Baffa ya tara dattawa a zauren mahaifinmu, aka kira Yaya.

Baffa ya ce, "Habu, gaskiya ne ka tuɓe takalmi a gidan gunki?"

Ya ce, "Na tuɓe, Baffa. Ban yi sujada ba, ban duƙa wa kowa ba. Amma ran da Di'o, Baturen mulki, ya zo rangadi Batsari, wa ya rage cikinku bai tuɓe nashi ba, har da faɗuwa ƙasa? Ku kun tuɓe wa wanda ya kwashe muku ɗiya ya kai yaƙi. Ni na tuɓe wa mutanen da suka ba ni ruwa. To mi ne laifina?"

Baffa ya gyara rawani, ya ce, "To sallar yamma fa?"

Yaya ya durƙusa, ya ajiye ƙwallon goriba a tsakiyar zaure, ya ce wannan Makka ce. Ya ɗiga yatsa a gefe ɗaya ya ce nan Wagini, ya ɗiga a ɗaya gefen ya ce nan Bama. "Baffa, wanda ke nan, ina zai duba?" Baffa ya sa ƙafa ya share zanen, ya ce ba za a ba wanda kafiri ya koya wa alƙibla zauren malamai ba. Wani daga baya ya ce, "Habu Yamma ke nan!" Aka yi dariya, sunan ya bi shi har kabari.

Ni kuwa na gane zanen nan sarai. Shekarata ashirin da 'yan kai, na yi karatun da zan iya cewa gaskiya ya faɗa. Amma Baffa ba shi da ɗa namiji, na san in aka hana Yaya zauren wata rana ni za a ba. Na sunkuyar da kai ina wasa da bakin tabarma. Haka kuwa aka yi, na zauna kan buzun mahaifinmu shekaru masu yawa ana ce mini Malam, shi kuma ya koma noman gero da gyaɗa, yana salla a sahun ƙarshe.

Bayan Turawa sun tafi na shiga wata makarantar boko a Safana, na ga taswirar duniya a bango, ga Makka a tsakiya, ga mu, ga Bama. Na hau keke na same shi a gona, ina haki, na ce, "Yaya, ashe gaskiyarka ce!" Ya jingina da hauya, ya dube ni, ya ce, "Ai ka gane tun ranar, Malam." Ya ci gaba da noma. Ban taɓa jin kunya irin ta wannan yinin ba, kuma har ya rasu bai sake tayar da maganar ba.

Nakan tambayi kaina me zai ce da ya ga yau. Jikarsa Rabi, wadda nake tsokana da amaryata, yanzu Bankok take zuwa saro kaya, wani birni a ƙasar da ke maƙwabtaka da Bama. Tafiyarta ta farko ta zo sallama, ta ce an ce za a kai su kallon gidajen ibadar can, tana tsoro. Na ba ta abin da kakanta ya ba ni. Ki cire takalmi a gindin matakala, ki sassauta murya, in kin zauna kada ki miƙe tafin ƙafa wajen gunkinsu ko malaminsu, kada ki taɓa malamin ko mayafinsa. Ba wanda zai sa ki sujada, ke ma kada ki yi. In jirgi ya tayar miki da hankali, ki ƙirga numfashi. Da ta dawo ta kawo mini darduma mai kamfas na nuna alƙibla, tana dariya ta ce, "Kaka, wallahi can duk masallatansu yamma suke kallo." Na yi dariya tare da ita, da ta fita na yi kuka.

Ban rubuta wannan don in kira kowa zuwa addinin wasu ba. Yaya ya rayu Musulmi, ya mutu da kalmar shahada a bakinsa, ni na riƙe kansa. Abin da na ƙi yarda da shi shi ne a ce ladabi a gidan wani kafirci ne, ko a ce gaskiya ta lalace don ta fito daga bakin mai jan mayafi. Masu wannan magana har yanzu suna nan, wasunsu ma a zaurena suka yi karatu, kuma ina jiran su zo mu yi ta.

Zauren na mayar wa babban ɗan Yaya bara, a gaban jama'a, na kuma faɗi dalili. Sunan kuwa ban ce a daina kira ba. Ku ci gaba da cewa Habu Yamma, amma ku san abin da kuke faɗa: mutum ne da aka nuna masa ya yi kuskure, ya juya nan take. A zauren nan ranar akwai wanda ya ga alƙibla ƙiri-ƙiri ya ba ta baya, kuma ba Habu ba ne. Ni ne.